Ranar da Saude Ta Taɓa Bindigar Namadi

Akwai wani maharbi da aka yi a wani ƙauye kusa da Nasarawa Burkullu, cikin ƙasar Bukkuyum, ana ce masa Namadi. Wajen shekarar 1982 ne, lokacin Zamfara tana cikin jihar Sakkwato. Hanyar garin kuwa, in aka yi ruwa, ko jaki sai ya tsaya ya yi shawara kafin ya bi ta.

Namadi ya iya harbi, wannan ba za a hana masa ba. Bakinsa ne dai ya fi bindigarsa ƙara. In ya harbo zomo da safe, kafin la'asar zomon ya zama gada a bakinsa. In aka kwana, ya zama ɓauna.

A shekarar nan ya sayar da bijiminsa, ya tafi Gummi ya sayo bindiga mai karyawa, irin wadda ake buɗewa a tsakiya a sa mata jan harsashi ta gindi. Sauran maharban garin duk bindigar toka gare su, wadda ake ɗura wa albarushi ta baki. Tun daga ranar tafiyar Namadi ta canza. Ko masallaci zai je sai ka ga kafaɗarsa ɗaya a ɗage, kamar bindigar tana rataye a kai.

Bai tsaya nan ba. Da damina ta kusa, lokacin da maharba ke ajiye farauta su koma gona, sai ya ɗauki bindigar ya kai wa wani boka can bayan Gummi, wai a yi mata asirin da ba ta kuskure.

Boka ya yi mata hayaƙi, ya yi tofe-tofensa. Ya ɗauki harsashi ɗaya ya shafa masa wani baƙin abu, ya sa shi ciki da hannunsa, ya rufe. Sannan ya ce:

"Kak ka buɗe ta sai ka halba wanga harsashi, kuma sai damina ta ja baya. Ka rataye ta kwance, bakinta buɗe, ta sha iska. Hannun mace kuwa in yat taɓa ta, to aiki ya ɓaci, kak ka dawo mini."

Namadi ya dawo gida ya buga ƙusa biyu a bangon ɗakinsa, ya rataye ta. Ya kira matarsa Saude ya nuna mata da yatsa daga nesa.

"Kin gane ta? Ki share ɗaki, ki share ƙarƙashin gado, amma wagga ko tsintsiyakki kat ta gitta kusa da ita."

Saude ta ce to.

Abin da Namadi yake mantawa shi ne ɗiyar wa ya aura. Saude 'yar Anka ce, ɗiyar marigayi Sajan Hayatu, tsohon soja da ya yi yaƙin basasa ya dawo gida ya riƙe bindigar farauta har da takardarta ta hukuma. Sajan bai haifi namiji ba. Don haka duk ranar da ya zauna sharar bindiga, Saude ce ke gefensa tana yanka masa tsumma.

Da ya rasu, abin da ta roƙa a bar mata shi ne wani ɗan gwangwani. Cikinsa akwai igiya doguwa mai ƙarfi, kai ɗaya an ɗaura mata tagulla mai nauyi kamar tsawon yatsa, ɗaya kan kuma an yi zarge inda ake saƙala tsumma. Sai ɗan burushin waya da 'yar kwalbar man keken ɗinki. Aikin igiyar ba wuya. A buɗe bindiga, a jefa tagullar ta gindi ta faɗo ta baki, a ja. Tsumma ya bi cikin ƙarfen ya kwaso duk abin da ke ciki. Ko a tsakiyar daji kake, kafin abokinka ya gama shan fura ka gama.

Amare suna zuwa gidan miji da tasoshi da kwanoni. Saude ta zo da su, amma a can ƙarƙashin babbar tasa gwangwanin nan yake kwance.

Ruwa ya sauka, aka yi shuka, aka yi noma. Wata rana da hantsi Saude tana share ɗakin Namadi sai ta ji ziiiii daga wajen bango. Ta ɗaga kai. Zanzaro ne, ɗan ƙwaron nan mai siririn ƙugu da ke gina ɗakin laka a kusurwa. Ya taho da 'yar laka a bakinsa, ya yi shawagi sau biyu, ya shige bakin bindiga kamar gidan gadonsa.

Saude ta tsaya da tsintsiya a hannu. Ya fito, ya tafi wajen randa inda ƙasa ke da danshi, ya dawo da wata lakar. Washegari ta gan shi ya jawo koriyar tsutsa, ya tura ta ciki.

Ta tuna maganar ubanta, wadda ba ya wasa da ita ko sau ɗaya: bindigar da bakinta ya toshe, in aka harba, wutar ba ta da hanyar fita sai ta fasa ƙarfe. Ƙarfen kuwa a cikin tafin hannun mai ita yake, fuskarsa kuma tana manne da shi.

Da Namadi ya dawo gona ta kai masa ruwa, ta bari ya sha ya huta. Sannan ta durƙusa.

"Malam, zanzaro shina gini cikin bindigakka."

"Mi kic ce?"

"Zanzaro. Da idona nig gane shi, jiya da yau."

Namadi ya yi dariya har ya ƙware. "Wagga bindiga ko aljani ba ya iya leƙa bakinta, balle ƙwaro. Ke da kin ga ƙuda ya gitta sai ki ce jirgin sama na."

"To ka buɗe ta ka duba mana. Ina da igiyar Baba, ja guda…"

"In buɗe? In karya asirin da nis sha tahiya nik kai? Igiyar Baba! Ki ɗaure akuya da ita."

Ta ɗauki kwanon ruwa ta fita. Bayan mako biyu ta sake tayar da maganar, ya ce in ta ƙara sai ya sa wa ɗakin kwado. Daga nan ta bari. Zanzaro dai bai bari ba. Da ya gama ma sai wani ɗan'uwansa ya zo ya ɗora.

Saude ta kwantar da hankalinta da cewa akwai sauran lokaci. Kafin a fita farauta da rani, ko ta yaya za ta samu hanya.

Ashe lokacin ba nata ba ne.

Dawa ta fara nuna, sai birai suka sauko daga duwatsun gabas. Ba irin ƙananan nan ba, gwaggon biri, garke guda, da wani ƙaton namiji a gaba wanda in mace ta kore shi sai ya tsaya ya harare ta. Cikin kwana uku suka kwantar da gonaki huɗu. Maigari ya tara maharba ya ce gobe da safe a fita. Namadi ya miƙe cikin taro ya bugi ƙirji ya ce a bar masa ƙaton. Harbin farko nasa ne, da harsashin boka.

Labari ya iso gida kafin shi. Saude tana tsinke zogale, ta ajiye kwaryar ta nufi ɗakin surukarta, Inna Dija.

"Inna, gobe ɗanki za shi halba bindigar nan. Wallahi bakinta toshe yake da laka. In ya ja kunamar nan, ko hannu ko ido, in ma Allah ya tsare rai."

Inna Dija ta riƙe haɓa. "Kin hwaɗa mai?"

"Sau biyu."

"Ni nih haihe shi, na san kan nan nashi. Tun shina goye in ya ƙi nono sai dai in ɗaura zane in bar shi." Ta jawo mayafi. "Bari in ishe Labbo. Shi na Sarkin Baka, in yac ce kak a halba, ba a halbawa."

Labbo shi ne shugaban maharban garin, tsoho mai farin gemu. Hannunsa na hagu yatsu uku ne, biyu babu. Kowa a ƙasar ya san labarin: yana saurayi damisa ta afka masa a daji, ya cusa mata hannu a baki ya shaƙe ta, ta tafi da yatsu biyu. Har waƙa ake yi masa da abin.

Inna Dija ba ta daɗe ba ta dawo, fuska a yamutse.

"Mi yac ce, Inna?"

"Ban gane mai ba. Ina ambaton zanzaro sai yat tura hannu cikin riga, yad dubi ƙasa. Nij jira, nij jira. Daga baya yac ce wai Allah shi kyauta, ba a shiga tsakanin mahalbi da asirinai."

Saude ta koma ta ɗauki kwaryarta. Zogalen nan ranar har da itacen ta tsinke a ciki.

Ta yi tunanin ta saci jiki ta share bindigar a ɓoye, sai ta tarar Namadi ya riga ya dawo ya shimfiɗa tabarma ƙarƙashinta, yana ta karɓar masu zuwa yi masa fatan sa'a. Ta yi tunanin ta ɓoye ta, ta ga ai ɓoyewa ma taɓawa ce, kuma in ya gano ta zai harba ta haka nan don haushi. Duk inda ta juya, abu ɗaya take gani: muddin Namadi ya yarda asirin nan yana nan, ba zai buɗe bindigar ba.

Gari ya waye. Rana ta ɗan ɗago, maharba suka taru a ƙofar gidan Namadi da karnukansu. Ga Dalhatu makaɗin maharba da garayarsa, yana zuga su ɗaya bayan ɗaya. Ya juya kan Labbo:

"Labbo na Adama, ka ba damisa biyu ka riƙe ukku! Tsoho mai hannun da ya shiga bakin mutuwa ya hito!"

Aka yi shewa. Labbo ya ɗaga sanda kaɗan, bai yi murmushi ba.

Namadi ya fito daga ɗaki da bindiga a kafaɗa, ga layu har gwiwar hannu. A tsakar gida Saude ta tare shi ta durƙusa.

"Malam, don girman Allah."

Ya kewaye ta kamar an ajiye turmi a hanya, ya shige zaure.

Saude ta tashi. Ta shiga ɗakinta, ta ɗaga babbar tasa, ta ɗauki gwangwani da wani tsohon zane. Ta yafa mayafi. Inna Dija tana cewa "Ke, ina za ki?" amma ta riga ta kai zaure.

A waje Dalhatu ya kama sunan Namadi, Namadi kuma ya tsaya tsakiyar fili yana jujjuyawa don kowa ya ga bindiga. Sai ga mace ta ratso maza. Kafin a ce wani abu ta kai hannu biyu ta kama bindigar nan a tsakiya, bakinta na kallon sama, ta riƙe gam.

Garaya ta tsaya. Har karnuka suka yi tsit.

Ba a ɓoye ta yi ba, kuma ba ta yi sauri ta saki ba. Sai da ta tabbata kowa ya gani, har da waɗanda ke baya suna ɗaga wuya.

"Na taɓa ta," in ji Saude. "Ga jama'a shaida. Asiri ya karye. Yanzu ƙarhe ta da icce awa ta kowa. Ba abin da yar rage da za ka tsare, Malam. Buɗe ta."

Namadi ya fizge bindigarsa. Idonsa ya kaɗa ya yi ja. Damina guda yana kiwon asirin nan, ga shi mace ta kashe shi a gaban maharban gari, a gaban makaɗi.

"Ke! Ni kika yi ma haka? Gaban mutane?" Ya nuna zaure. "Shiga ki tattara komatsanki. Yau Anka za ki kwana."

"Za ni tahiya," in ji ta. "Amma ka buɗe ta tukuna."

"Ba ni buɗewa! Laka? Harsashin da ka huda ɓauna, 'yal lakar ƙwaro ka tsai da shi?" Ya juya ga jama'a. "Ku matsa. Yanzu ni halba ta sama, ku ga ƙaryar mata."

Ya ɗaga bindiga, ya manna kunci, hannun hagu ya riƙe ƙarfen. Babban yatsansa ya hau kan kunama zai ɗana.

Saude ta yunƙura za ta tare shi.

"Kak ka ja!"

Labbo ne. Tsohon da ke tafiya da sanda, ba wanda ya ga lokacin da ya tsallake fili. Ya damƙe wuyan hannun Namadi da hannun nan mai yatsu uku.

"Baba, sake ni."

"Ba ni saki. Sauke ta. Sauke, nic ce."

Namadi ya sauke. Labbo ya ja numfashi, ya dubi Saude, ya dubi ƙasa, sannan ya juya wajen makaɗi.

"Dalhatu, shekara nawa kana waƙa damisa tac ci mini yatsu?"

"Ai Baba ga ubana nig gaji waƙar."

"To kai da ubanka duk ƙarya kuka yi, kuma ni nis sa ku." Ya ɗaga hannun sama kowa ya gani. "Ban taɓa ganin damisa ba, sai hwatatta ga wani mai magani kasuwar Gummi. Zanzaro na."

Wani ya ce, "Innalillahi."

"Na aje bindiga da ɗuri ciki, damina guda. Nid ɗauke ta ban duba ba, nit tahi bayan gari nig ga kurciya. Kurciya hwa, ba ɓauna ba! Ina ja, ƙarhe yad dare awa kara. Kurciya tat tashi lahiya lau, har tana waige. Ni kaɗai nike wurin. Niz zo gida jini na zuba ana tambaya, kunya tas sa nic ce damisa. Shekara talatin da wani abu ina cin abinci da sunan damisar nan."

Ba wanda ya yi dariya tukuna, ko da yake wasu sun fara cije leɓe.

"Jiya uwarka taz zo mini da maganar nan," Labbo ya ce wa Namadi. "Nis san gaskiya ta. Amma in na hwaɗi yadda nis sani, damisata ta mutu. Sai niy yi shiru. Ga ɗiyar mutane ta aje aurenta saboda hannunka, ni na kasa aje waƙa. Buɗe bindigar nan, yaro."

Namadi ya dubi hannun Labbo. Sannan a hankali ya danna, bindiga ta karye biyu. Ya zare harsashin boka ya sa aljihu. Ya ɗaga ƙarfen wajen rana, ya rufe ido ɗaya ya leƙa.

Ya daɗe yana leƙe.

"Mi kag gani?" in ji Dalhatu.

Namadi ya sauke ƙarfen. Ai ba abin da ya gani. Duhu ne ƙirin kamar cikin rijiya.

Saude ta durƙusa ta buɗe gwangwani, ta warware igiya, ta miƙa wa Labbo. Labbo ya jefa tagullar ta gindi. Ta gangara, ta gangara, sai ƙwas, ta tsaya. Aka girgiza, ta ƙi wucewa. Aka juya aka jefa ta baki, ko taƙi ɗaya ba ta yi ba ta tsaya.

"Igiya ba ta huda laka," in ji Saude. "A samo karan dawa miƙaƙƙe, da ruwa kaɗan."

Aka karyo kara daga danga. Aka ɗiga ruwa, aka jira laka ta jiƙa, Labbo ya zura kara yana murzawa. Sai ga abu ya fara zubowa kan tabarma. Jar laka dunƙule-dunƙule, ɗaki bisa ɗaki. Tsutsotsi kore, wasu har suna motsi. Gizo-gizo biyu. Da aka tara, ya kusa cika tafin hannu.

Dalhatu ya leƙo, ya dubi tarin, ya dubi Namadi.

"Namadi, barka. Bindigakka ta haihu. Yaushe suna?"

Nan fa dariyar da aka danne ta ɓalle. Wani har da zama ƙasa. Karnuka suka ɗauka farauta ta tashi, suka hau haushi.

Namadi kaɗai bai yi dariya ba. Yana kallon inda lakar ta fi taruwa, yana auna wurin a jikin ƙarfen. Daidai inda hannunsa na hagu yake riƙewa ne, ba gaba ba baya.

Ya karɓi bindigar daga Labbo. Ya tako har gaban Saude, ya miƙa mata da hannu biyu.

"Share ta."

Saude ba ta karɓa ba. "Ni da anka ce in tattara kaya? Motar Anka ba ta jira."

Namadi ya yi wata magana ƙasa-ƙasa, ko shi kansa bai ji ba.

"Ba mu ji ba," in ji Labbo. "Da ƙarhi, yadda kaf faɗi ta farko."

Namadi ya ɗaga murya. "Na janye. Ba inda za ta. Ni niy yi wauta." Ya ƙara, a hankali, "Ki yi haƙuri, Saude."

Daga cikin zaure aka ji guɗar Inna Dija, wadda ashe tun ɗazu tana maƙale bayan ƙyaure.

Saude ta yage tsumma daidai faɗin tafin hannu, ta saƙala a zarge. Amma maimakon ta karɓi bindigar, sai ta miƙa wa mijinta igiyar.

"Jeha tagullar ta gindi. Yauwa. Ta hito? To naɗe igiyar ga hannunka, ka ja a miƙe, kak ka tsaya tsakiya. Ja da kanka, Malam. Yatsu goma gare ka."

Ya ja. Tsumma ya fito ja wur da laka da tsatsa. Ta saƙala burushin waya, ya ja sau biyu. Ta sa sabon tsumma, ya fito da dama-dama. Na ƙarshe ta ɗiga masa man keke, ɗigo biyu ba ƙari, ta ce in ya yi yawa shi ma datti yake tarawa. Duka aikin nan bai kai a daka yaji ba.

Namadi ya sake ɗaga ƙarfen wajen rana. Wannan karon sai da ya kau da ido, don haske.

Sai aka ga maharba ɗaya bayan ɗaya suna juya baya, kowa yana zare ƙarfen ɗurinsa yana zurawa cikin bindigarsa a sace. Tasu ba ta buɗewa ta gindi, igiya ba ta ratsa ta, sai dai a naɗa tsumma a kan ƙarfen ɗuri. Wani mai suna Bello, wanda ya fi kowa dariya ɗazu, ƙarfensa ya shiga rabi ya tsaya. Ya yi tsuru-tsuru.

"Matar Namadi," in ji shi, "tsumman nan ya rage?"

Ta yaga masa. Ta yaga wa na bayansa. Kafin a gama, tsohon zanenta guda ya ƙare.

Dalhatu ya matso kusa da Labbo yana sosa kai. "To Baba, yanzu mi zan waƙa maka?"

"Ni ka bar ni in huta. Ga wadda za ka waƙa nan."

Dalhatu ya gyara garaya. Tun da aka kafa garin ba a taɓa yi wa mace kiɗan maharba ba, ranar aka fara:

"Saude ta Anka, ɗiyar Sajan mai igiya! Kin kama ƙarhe maza na kallo, kin hana gari kuka!"

Saude ta ja mayafi ta rufe fuska, ta kwashi gwangwaninta ta ruga cikin gida.

An fita a makare, amma an fita. Namadi ya sa sabon harsashi irin na kowa. Harbi ɗaya ya yi, ƙaton birin ya faɗi, sauran suka haye dutse ba su sake saukowa ba har aka yanke dawa.

Bayan azahar suka dawo. Saude ta kawo masa tuwo da miyar kuka, ta ajiye ruwan wanke hannu ta koma gefe. Namadi ya tsoma hannuwa cikin ruwa, sai ya tsaya. Ya fito da su, ya buɗe su a gabansa, ruwa na ɗiga. Ya juya bayansu, ya juya cikinsu. Ya lanƙwasa yatsun ɗaya bayan ɗaya.

"Malam, tuwo na hucewa."

"Bari shi huce," in ji Namadi. "Ƙirga nike."

Darasi: Wanda ya faɗa maka gaskiya alhali ya san zai iya rasa wurin zamansa saboda ita, wannan shi ne mai sonka, ko da a gaban mutane ya kunyata ka. Kada girman kai ya hana ka leƙa abin da aka ce ka duba, don dubawa ba ta rage wa kowa daraja. Sharaɗin boka bai taɓa tsare kowa ba. Ka gyara kayan aikinka ka dogara ga Allah. In kuma kana riƙe da wata gaskiya da za ta ceci wani, ka faɗe ta yau ko da taka damisar za ta mutu. Ku tura wannan labari ga 'yan'uwa da abokai, musamman wancan abokin naku da matarsa ke magana yana dariya. In kai ne aka turo wa, to kada ka tambayi dalili.